Barka da Sallah daga Liyon, da maganar auren Auta

Liyon, Faransa
Ranar Sallar Layya, 2026

Assalamu alaikum wa rahmatullahi.

Zuwa ga Baba da Inna, da Yaya da iyalinsa, da Gwaggo, da dukan mutanen gidanmu na Tawa. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina yi muku barka da Sallah. Allah ya karɓi ibadunmu, ya maimaita mana, ya nuna mana ta baɗi da rai da lafiya. Yaya kuke fama da zafi? Allah ya sauko mana da damina mai albarka. Mu nan lafiya ƙalau, maigidan da yara duk suna gaishe ku.

Yaya ya shaida mini kuɗin rago sun iso a kan kari, na kuma ga hotonsa, tubarkalla. Na san yanzu haka an feɗe, an baje shi a kan itace, an jera da na maƙwabta an zagaye wuta a ƙofar gida, sai gobe a shiga rabo. Mu nan doka ta hana yanka a gida, sai a mayankar da hukuma ta amince da ita. Tun da wuri ake rubuta suna wurin mahauci, ranar Sallah ko washegari a je a karɓo nama a kwali. Idi kuwa a wani zauren wasanni muka yi shi da sassafe, ana sallamewa kowa ya ruga wurin aiki, don nan ba ranar hutu ba ce.

Baba, kun tambaye ni abin da na gani game da mutumin nan na birnin Marsai, a nan Faransa, da ya aiko neman Auta. A waya ban iya amsawa ba, layi na yankewa, ga mutane cike da ɗaki. Shi ya sa na rubuto. Na san kuma Autar ce za ta karanta muku, to ki ajiye kunya gefe, kada ki tsallake ko layi ɗaya, Yaya na nan kusa zai duba.

Halinsa da asalinsa ku za ku bincika, kun fi ni sanin gidansu. Abin da na sani shi ne yadda mace ke shigowa ƙasar nan ta hanyar aure, da abin da take tararwa.

Auren da aka ɗaura a zaure da goro da fatiha, a wurin Allah ya ɗauru, amma a nan ba su san da shi ba sai da takardar ofishin magajin gari, kuma sai yarinya ta cika shekara 18. Kafin miji ya nemi a kawo masa iyali, sai ya yi aƙalla wata 18 da takardar zama ta halal, sai an duba albashinsa na shekara guda an ga bai gaza mafi ƙarancin albashi ba, sai an auna gidan da yake ciki an ga zai ɗauke su. Sannan ku tambaye shi kai tsaye, ba ta bakin ɗan aike ba, ko yana da wata matar tare da shi. Tun dokar 1993 ba a ba mace ta biyu takarda a ƙasar nan. Wadda aka shigo da ita a haka, da bizar yawon buɗe ido, sai ta ƙare a ɗaka tana renon 'ya'yan kishiya, ba ta da sunan da hukuma ta sani. Ga shi kuma ofishin jakadancin Faransa na Yamai an rufe shi tun Janairun 2024. Wanda ya ce muku wata biyu ko uku ya isa a gama komai ta tare, daɗin baki ne kawai.

In ta iso, katin zamanta yana rataye da auren. A shekara uku na farko, in zama ya ƙare, ana iya karɓe katin ko a ƙi sabunta shi. Dokar ta yi togaciya, gaskiya: in rasuwa ce, ko duka da cin zarafi ne suka raba su, ko akwai ɗa tsakani da take ɗawainiyarsa, ba a taɓa ta. Har lambar waya suka ware, 3919, kyauta, don matan da ake duka. To amma wadda ba ta jin harshen, wa zai gaya mata? Mijin da ke riƙe da fasfonta? A gida in abu ya yi tsami mace ta yi yaji, ta tako da ƙafarta ta zo wurin Inna, manya su zauna a sasanta. Nan ba gidan da za ta yi yaji ta nufa. Na san matan da ke haɗiye abin da ko rabinsa ba za su ɗauka a Adar ba, saboda kati.

Sai kuma abin da suke kira shiga cikin jama'a. Duk baƙon da zai zauna, wata hukuma mai suna OFII za ta kira shi ya sa hannu a yarjejeniya: kwana huɗu na darasin dokoki da al'adun ƙasa, da darasin Faransanci kyauta ga wanda bai iya ba. Da can, in kin halarta kin nuna ƙoƙari, shi ke nan. Dokar Janairun 2024 ta sauya lissafin, kuma daga farkon shekarar nan ta fara aiki sosai. Yanzu katin shekaru da yawa sai da shaidar cin jarrabawar harshe matakin A2, wato na masu farawa, na shekara goma sai B1, matakin tsakiya, zama ɗan ƙasa sai B2, wanda ke sama da shi. Aka ƙara da wata jarrabawar sanin ƙasa, tambaya 40 cikin minti 45, sai an ci 32: tarihinsu, yadda ake zaɓe, dokar 1905 da ta raba addini da gwamnati, da ire-irensu. Katin shekara ɗaya kuma ba a sabunta shi fiye da sau uku a jere a kan dalili guda.

Ni ban ga laifin a ce baƙo ya koyi harshen masu gari ba. Ko a kasuwar Tawa, Buzu ko Bazabarme in ya zo ciniki da Hausa yake yi. Wanda zai zauna da mutane, ya kai ɗansa likita, ya karanta abin da zai sa wa hannu, dole ya iya bakinsu. Damuwata ita ce a kan wa nauyin ya fi sauka. Namiji tun makon farko yana waje, wurin gini ko ɗakin girkin gidan abinci, yana tsintar magana a bakin abokan aiki. Mace na sama a bene na shida da goyo. Yaro ba ya shiga makaranta sai ya shekara uku, gidajen reno kuma sun yi kaɗan, kuma galibi masu aiki ake fara ba wa gurbi. Ba ki samun aiki sai da harshe, ba ki samun zuwa aji sai da mai riƙe miki yaro, mai riƙe yaro kuma sai kina aiki. An ɗaure akuya a turke, an ce me ya hana ta zuwa kiwo.

Akwai wata baiwar Allah 'yar wajen Buza da muke zumunci da ita. Ta sauke Alƙur'ani, kafin ta zo ita ke sarin albasa tana kaiwa har Kwanni, lissafin jikka ɗari biyar a ka take yinsa ba ta kuskure dala. Amma ba ta taɓa zama ajin boko ba. Irinta ana ba su har awa 600 a aji. Inna, ki duba mace mai shekara arba'in da 'ya'ya huɗu, a ce cikin wannan lokaci ta koyi riƙe alƙalami daga hagu zuwa dama, ta koyi baƙaƙen, ta koyi harshen, har ta rubuta wasiƙa a ɗakin jarrabawa ana duba agogo. Bakinta ya buɗe, tana ciniki, tana gardama da direban bas in ya wuce da ita. Rubutun ne ya tsaya mata. Su kuma waɗanda suka ɗan taɓa makaranta, tun bara aka mayar da yawancin darasinsu ta intanet, kowa ya koya shi kaɗai a ɗakinsa. Ajin nan kuwa shi ne wuri ɗaya da mace ke fita ta ga wasu mata, ta ji yadda suka bi da tasu matsalar. Yaya za a ce mutum ya saje da jama'a, sannan a sallame shi ya koma ɗaka da waya?

Ni da na tsaya a aji huɗu na sakandare, abin da na kwaso a makaranta shi ke ɗauke da ni har yau, kuma duk da haka B1 ɗin nan sai da na koma karatun dare. Aikina kun sani, kula da tsofaffi a gidajensu: wanka, girki, shara, sayayya. Awa biyu a nan, awa ɗaya a can, tsakani ina cikin bas. Kuna jin an ce mafi ƙarancin albashi ya haura Yuro 1,400 a hannu, ku buga da 656, canjin Yuro ɗaya a sefa, ku ga jikka ɗari tara da 'yan kai. Wannan na mai cikakken aiki ne, awa 35 a mako, kuma mu masu yawon gidaje ba kasafai muke cika su ba. Haya kaɗai ta isa ta cinye rabi. A cikinmu akwai wadda ta yi aikin jinya shekara da shekaru a ƙasarta, amma takardar jinya ta wajen Turai ba a aiki da ita nan sai an sake komawa makaranta, ga ta muna goge tayil tare.

Kallabi ma sai ku ji. A titi da kasuwa da jami'a ba mai hana ki. 'Yan makarantar gwamnati an hana su tun 2004, an ƙara da abaya a 2023, ma'aikaciyar gwamnati ma ba ta sawa a bakin aiki. Sauran wurare ya danganta da mai wurin, wani ba zai ce miki komai ba, sai dai ba zai sake kiranki ba. Abin dariyar, tsohuwar da nake juyawa a gado ban taɓa jin ta damu da abin da ke kaina ba.

Kada ku ce 'yarku ta raina inda take ci. Yara na karatu kyauta, na haihu a hannun ƙwararru ba a ce in kawo ko dala ba, kuma a makarantar yaran akwai ajin iyaye da wata malama ke koya mana harshe da yadda makaranta ke tafiya, mace mai haƙuri, Allah ya saka mata. Ƙungiyoyin sa kai ma suna cika wa mutane takardu ba ko sisi. Masu kirki suna da yawa, tsarin ne aka yanka shi daidai wuyan namiji mai lafiya da ya yi boko.

To Baba, ga roƙona, Allah ya ƙara girma. In binciken ya yi kyau, ban ce a hana ba. Amma a bar Auta ta rubuta Bak ɗinta, jarrabawar gama sakandare, tukuna, in da hali ma ta taɓa jami'ar nan ta Tawa kafin takardu su fito, tunda dama za su ɗau lokaci. Na ji daɗi ƙwarai da aka ɗaga Hausa ta zama harshen ƙasa a 2025, har shewa muka yi a nan. Sai dai kada wannan ya sa ta saki Faransancinta in nan za ta zo, ba a fafe gora ranar tafiya. A kuma yi magana a gaban waliyyai, kowa ya ji: fasfonta da katinta a hannunta za su zauna, za ta je aji, za ta yi aiki in ta samu, za ta buɗe asusun banki da sunanta. In ya ɓata rai a kan waɗannan tun yanzu, kun samu amsarku.

Gwaggo kuma, na ji 'yar wajenki na maganar bin mota ta Agadas. Na san an soke dokar 2015 da ta hana jigilar 'yan ci-rani a ƙarshen 2023, motoci na tashi a fili, amma hamadar ba ta sauya ba. Ba mu manta mutum 92 da ƙishirwa ta kashe a hanyar Aljeriya a 2013 ba, akasarinsu mata da yara, kuma har yau ana sauke waɗanda aka koro daga Aljeriya a daji su tako zuwa Assamaka. Wadda ta tsallake duka wannan ta iso nan ba takarda, umarnin da aka ba ofisoshi a Janairun 2025 ya ce sai ta nuna zaman shekara bakwai kafin a soma duba lamarinta. Ki haɗa ni da ita mu yi magana mu biyu.

Inna, a cikin abin da na aiko akwai jikka ashirin naki ke kaɗai, na maganin ƙafa ne, kada a sa su a cefane. Sauran canjin a raba wa yara goron Sallah. In an samu mai tahowa, yaji da kuka da kuɓewa busassa nake so. Kilishi da cuku kam ku ci a madadina, ana ƙwace su a filin jirgi. Yaya, ka ɗauko mini hoton takardar haihuwar Auta da na sakamakonta na bana ka turo. A gaida Kawu da mutanen Badagishiri, da Malam, a ce ya sa mu a addu'a, jarrabawata na wata mai kamawa. Zan kira ranar Lahadi bayan la'asar ɗinku, a caja waya.

Wassalam,
'Yarku ta Liyon