Na je filin da Batistuta ya ci mu

Zuwa ga Yaya,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata takardar nan za ta same ku lafiya kamar yadda ta bar ni. Yaya jikin Inna, ƙafar ta yi sauƙi? Yaya uwargida da yara, yaya kasuwa, yaya zafi? Mu nan sai godiya. Aiki ne dai kullum: a kwance mota, a ware inji da giya, a wanke, a loda kwantena. Hannuwana duk sun yi kanta, amma lafiya lau nake.

Na san za ka ce me ya hana ni yin saƙon murya kamar yadda na saba. Idan na yi murya, a tsakar gida ake kunnawa kowa ya ji, ni kuwa akwai maganar da nake so ta tsaya tsakanina da kai tukuna. Amma bari in fara da abin da zai ba ka dariya.

Ka tuna safiyar Lahadin nan ta 2 ga Yuni, 2002? Muna idar da sallar asuba ka ja hannuna muka tafi gidan kallo, Baba yana ta faɗa wai ƙwallo ta hana mu karatun safe. Ƙarfe shida da rabi aka take wasa, Najeriya da Ajantina a gasar cin kofin duniya. Shorunmu ya yi ta kaɗe ƙwallaye har muka fara sa rai, sai Veron ya bugo kwana, Batistuta ya tashi ya sa kai. Ɗaya da nema. Kai ka ƙi karin kumallo, ni na yi kuka a ɓoye. To Yaya, Asabar ɗin da ta wuce na zauna a cikin filin nan da kaina. Ashe a nan Japan, a jiharmu ta Ibaraki yake, a garin Kashima, shekara da shekaru ina kusa da shi ban sani ba. Da na shiga na rasa wace raga ce aka zura mana ƙwallon, sai na harari dukansu biyun.

Wani dattijo da muke aiki tare ne ya kai ni. A masana'antar ƙarfe ta garin ya ƙare ƙuruciyarsa, da ya yi ritaya zaman gida ya ishe shi, shi ne yake zuwa yadinmu yana tuƙa motar ɗaga kaya kwana uku a mako. Ba mai yawan magana ba ne, sai an taɓo Kashima Antlers, ƙungiyar ƙwallon garin. Daga nan kuwa sai ka roƙe shi ya yi shiru. Rabin abin da zan faɗa maka daga bakinsa na ji a mota, da ɗan Japancin da na tsinta da taimakon waya.

Asalin ƙungiyar ta ma'aikatan kamfanin ƙarfe ce, Sumitomo, an kafa ta a Osaka a 1947, aka dawo da ita Kashima a 1975 saboda masana'antar da kamfanin ya gina a bakin teku. Mutum ya yi aiki da safe, ya buga ƙwallo da yamma. Lokacin da Japanawa suka yi niyyar kafa gasar ƙwararru, ƙungiyar tana rukuni na biyu, garin kuma bai kai mutum dubu hamsin ba, ga shi tafiyar kusan awa biyu daga Tokyo. Dattijon ya ce a lokacin matasa gudun garin suke yi, don ban da hayaƙin masana'anta da gonaki babu abin kallo. Da suka nemi shiga gasar, jagoran shirin, Saburo Kawabuchi, ya ce musu kashi 99.9999 cikin ɗari ba zai yiwu ba. Maimakon su tashi, sai suka tambaye shi ragowar ɗan ɗigon fa? Ya ce sai dai idan za su gina filin ƙwallo zalla, mai rufi, mai cin mutum 15,000. Ya faɗa ne don su haƙura. Gwamnatin jihar ta ce ta ji ta gani, aka gina, aka buɗe a 1993. Shi ne aka faɗaɗa ya haura mutum 40,000 saboda gasar duniya ta 2002.

Sunan ma yana da labari. Kashima a harshensu kamar ka ce tsibirin barewa ne, kuma akwai wani tsohon wurin bautarsu a garin da har yau ake kiwon bareyi a ciki. Antlers kuwa ƙahonin barewar ne. Ka ga ƙungiyar da ta fi kowace cin kofi a ƙasar nan ba zaki ta zaɓa ba, ba damisa ba.

A 1991 suka ɗauko Zico. Shi dai ka san shi, Baba ma yakan ambace shi idan ana hirar Barazil ta 1982. Ya riga ya ajiye takalmi, har ya riƙe muƙamin sakataren wasanni a gwamnatin ƙasarsu, yana da shekara 38 ya zo ya shiga rukuni na biyu cikin ma'aikatan ƙarfe. Ana ba da labarin yadda ya tarar da takalman 'yan wasa a warwatse a ɗakin canza kaya, ya ce in ya sake ganin haka a bola za su tsince su. Mutum-mutuminsa yana nan a bakin filin, na ga iyaye suna ɗaga 'ya'yansu a ɗauke su hoto da shi.

Amma ni wanda ya tsaya mini a rai wani ne daban, ɗan wasan gaba mai suna Alcindo. Mutumin jihar Parana ne a kudancin Barazil, sun yi zama da Zico a Flamengo, ya biyo shi a 1993 yana ɗan shekara 25. Tsakiyar kansa sanƙo ne tas, gefe da ƙeya kuma gashi har kafaɗa. Japanawa suna da wani abu a tatsuniyoyinsu da suke kira kappa, kamar 'yan ruwan da Inna take tsorata mu da su, wai yana zaune a kogi da ɗan faranti a tsakiyar kansa. Suna ganin Alcindo suka laƙaba masa Kappa. Bai yi fushi ba. Har tallan wani kamfanin gashin kanti ya yi a talabijin, yara suna kwaikwayonsa a makaranta. Dattijon nan sai da ya cire hula a mota ya nuna mini nasa sanƙon, ya ce tun 1993 ya daina jin kunyarsa.

Ranar 16 ga Mayu, 1993, washegarin buɗe gasar, Nagoya ta zo Kashima da Gary Lineker na Ingila, kowa ya zuba ido ya ga abin da zai yi. Biyar da nema aka tashi. Zico, mai shekara 40, ya ci uku rigis, Alcindo ya ci biyu, Lineker ya koma hannu rabbana. Bayan haka rauni ya riƙa zaunar da Zico a benci, nauyin cin ƙwallo ya koma kan Alcindo, kuma ya ɗauka. Ƙungiyar da aka ce ba za ta shiga ba ita ta lashe zagayen farko na kakar. Ya ci 22 a shekarar, Ramon Diaz ɗan Ajantina ne kaɗai ya fi shi da 28. (Ka ga 'yan Ajantinan nan ko'ina sai sun tare wa mutum hanya.) A wasan ƙarshe na fitar da gwani a Janairun 1994 ƙungiyar Verdy ta garin Kawasaki ta doke su, a nan ne ma alƙalin wasa ya ba Verdy fenareti, Zico ya fusata ya je ya tofa wa ƙwallon yawu, aka kore shi daga fili. Dattijon ya ce har gobe bai yarda da fenaretin nan ba. Na ce masa to ai duk duniya ɗaya ce, a Kofar Mata ma haka ake yi idan an ci Pillars.

Kaka ta biyu Alcindo ya ci 28. Hamsin ke nan a shekara biyu. Sai me? A 1995 yana sanye da rigar Verdy, waɗanda suka hana su kofi. Kashima ta riga ta kawo Leonardo, ta ƙara da Jorginho, dukansu daga cikin waɗanda suka ci kofin duniya a 1994. Kofin lig na farko ya zo a 1996, babu Alcindo a hoton. Daga nan abin ya zama kamar ruwan sama: 1998, 2000 da suka haɗa kofi uku a shekara guda, 2001, sannan uku a jere daga 2007 zuwa 2009, lokacin wani ɗan Barazil ɗin ne kuma, Marquinhos, yake ci musu ƙwallo. Wasansu na 2016 kai ma ka kalla, don na tuna ka kira ni kana zufa: su ne suka sa Real Madrid ɗinka a gaba da ci biyu da ɗaya a wasan ƙarshe na kofin ƙungiyoyin duniya, sai da aka shiga ƙarin lokaci Ronaldo ya cece ku, huɗu da biyu. A 2018 suka ci kofin nahiyar Asiya a hannun Persepolis ta Iran. Ba su taɓa faɗawa rukuni na biyu ba tun da aka fara gasar. Abin da ya fi ba ni dariya, tun 2019 kamfanin Mercari ne ke da kaso mafi tsoka a ƙungiyar, sana'arsu kuwa dillancin kayan gwanjo a waya. Na ce wa dattijon ashe ƙungiyar 'yan uwana ce.

A filin ban ci komai ba sai dankalin da na saya, don abin da suka fi alfahari da shi farfesun kayan ciki ne, galibi kuma na alade. Ƙamshi har hanci, na kau da kai. Da lokacin la'asar ya yi na sami wani lungu bayan matakala na shimfiɗa rigar sanyina, babu wanda ya ce mini kanzil.

A hanyar dawowa na tambayi dattijon ina Alcindo yake yanzu. Ya ce ya koma ƙasarsu yana noma. Ya faɗa yana murmushi, irin na wanda yake tuna tsohon maƙwabci. Ni kuwa shiru na yi har muka iso.

Ka san akwai 'yan Barazil da yawa a jihar nan, musamman wajen garin Joso, inda nake zuwa sayen kaza mai tambarin halal da ake kawowa daga ƙasarsu. Yawancinsu jikokin Japanawan da suka tafi aikin gonar kofi ne, tun jirgin farko da ya sauke mutum 781 a tashar Santos ta Barazil a 1908. A 1990, da masana'antu suka rasa hannu, aka gyara doka aka ce su dawo su yi aiki. A 2009, da kasuwa ta faɗi, gwamnati ta ce duk wanda ya yarda ya koma za a ba shi yen 300,000 na jirgi. Waɗannan fa jininsu ne, Yaya, sunayensu ma na Japanawa ne. To ina ga ni, da takardar zamana sai an sabunta ta ana duba ko har yanzu ina da amfani? Ban ce ana wulaƙanta ni ba, wallahi albashina bai taɓa kwana ba, kuma mutanen nan suna da amana. Amma na ga bambancin wanda ake yi wa mutum-mutumi da wanda ake tafa wa shekara biyu a ɗauko wani. Zico guda ɗaya ne. Sauranmu, da mai ci hamsin da mai kwance inji, wata rana jaka za mu ɗauka.

Shi ya sa na ce a'a kan maganar da Kawu ya kawo ta sayar da gonar fadama. Na ji hujjarsa, na san kuɗin da aka taya ba kaɗan ba ne, kuma na san kai ne kake shan wahalar zirga-zirga da 'yan ƙwadago. Amma idan aka raba kuɗin nan, kafin damina biyu babu wanda zai iya nuna inda nasa ya shiga. Ga shawarata. Idan Gwaggo da Kawu sun matsa sai an fitar musu da rabonsu, a kira mutum biyu masu gaskiya su yi wa gonar kuɗi, ni zan biya su nasu kashi uku, na farko ƙarshen watan nan, sauran kafin babbar salla in Allah ya yarda. A rubuta a gaban mai unguwa da shaidu, a sa sunanka da nawa da na Auta. Injin ban ruwa kuma kada ka saya, na sami guda biyu masu kyau a nan, zan cusa su a kwantenar da za ta tashi wata mai zuwa, ka dai shirya kuɗin dako daga Legas. Kada Inna ta ji maganar nan sai ka gama da Kawu, ka san ta da sa abu a rai.

Shi kuma Auta da ya dame ni in nemo masa ƙungiya a nan, ka gaya masa ban manta ba, amma ni yadin mota na sani, ban san kowa a harkar ƙwallo ba. Duk wanda ya ce ya kawo kuɗi a kai shi gwaji Japan, ya riƙe kuɗinsa. Ya gama jarrabawarsa tukuna. Na saya masa jar rigar Antlers mai lamba 10, tana cikin kayan, tare da man zafin Inna da agogon da ka ce. Rigar ta Auta ce, Yaya, kada in ga hotonka da ita.

Ka gaishe mini da Inna da kyau, ka ce ta ci gaba da sa ni a addu'a. Ka gaida uwargida da yara, da Gwaggo, da Kawu duk da haka, da Liman da mutanen majalisa. Idan wani zai taho ta wajen nan a aiko mini da kuka da daddawa, wadda nake da ita saura ta miya biyu.

Wassalam.

Ƙaninka,
daga Ibaraki