Shaiɗanin Bai Kai Firifet Ban Tsoro Ba

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni ɗan fili in ja hankalin masu shafin nishaɗi na jaridarka, waɗanda har gobe suke ɗaukar katun ɗin Japan a matsayin abin lallashin yara. Su nemi kashin katun ɗin Black Butler da ya fito a 2024, wanda kamfanin CloverWorks ya shirya daga littafin zanen Yana Toboso, su kalla.

A Ingila labarin yake, shekarar 1889. Sarauniya Biktoriya ta tura yaro Ciel Phantomhive makarantar kwana ta Weston ya binciko mata Derrick Arden, ɗan danginta da ya daina zuwa gida hutu. Ciel ya shiga a matsayin ɗalibi, hadiminsa Sebastian, wanda shaiɗani ne, ya zama malamin ɗakin kwana. Gidaje huɗu ne, kowanne da firifet ɗinsa, kuma su kaɗai aka yarje wa taka ciyawar harabar makarantar. Shugaban makarantar kuwa, ganinsa sai wanda aka gayyata shan shayin tsakar dare.

Wanda bai kalla ba ya yi haƙuri, zan fasa ƙwai. Ashe Derrick azzalumi ne, yana cin zalin ƙananan yara a ɓoye, yana ƙwace aikinsu ya ce nasa ne, mataimakin shugaban makaranta yana rufa masa asiri. Da firifet ɗin suka gano, sai ɗaya daga cikinsu, Herman Greenhill, ya kashe shi da sandar wasan kurket, suka haɗa baki suka ɓoye, wai don kare martabar makaranta. Abin da ya fi tayar mini da hankali shi ne da asiri ya tonu ba su sunkuyar da kai ba. A ganinsu aikin kirki suka yi wa al'ada. Gawarwakin da aka tayar suna yawo a labarin ma ba su girgiza ni kamar wannan ba.

Duk wanda ya yi makarantar kwana a Arewa ya san wannan tsari na gidaje da firifet, ai daga Turawan Ingila muka gada, har da siniya mai ƙaramin yaron da ke yi masa wanki. Shi ya sa nake ganin labarin ya cancanci sharhi a shafinku. Gasar kurket ɗin da aka yi a labarin dai ta ja tsawo fiye da kima, wannan kam ba zan kare ta ba.

Naka,
Mai karatu daga Zariya