Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Ministan Kasuwanci Da Masana'antu Kan Dutsen Fairait Da Ake Shigowa Da Shi Gana

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, wannan takarda ta fito ne daga masu sayar da kayan zubin ƙarfe da sinadaran masana'antu a Suame da zangunan Kumasi. Buƙatarmu guda ce: kada buhun fairait ya bar tashar Tema sai da takardar gwaji mai faɗin abin da ke cikinsa. Kaya ne ɗan kaɗan idan aka kwatanta da shinkafa ko siminti, shi ya sa ba ya shiga jawabin kowa. Amma kwantena ɗaya ta gurɓataccensa ta isa ta ɓata zubin wata guda a Magazin, unguwar masu zubi da makanikai ta Suame.

Fairait dutse ne mai ruwan tagulla da sheƙi, haɗin ƙarfe da farar wuta. Tsantsarsa, farar wuta kashi 53 ce cikin ɗari, sauran ƙarfe. Na kasuwa mai kyau yakan tsaya tsakanin kashi 45 da 50, ragowar yashi ne da wasu ma'adinai. Farar wutar nan ita mai saye yake biya wa kuɗi, kuma ido ba ya iya ƙirga ta. Garin da ke da kashi 48 da wanda ke da 35 launinsu ɗaya a tafin hannu. Duk wanda ya saya ba takarda, cinikin biri a sama ya yi.

Ga yadda ƙarancin yake shigowa. Akwai ɗan'uwansa da ake kira firotait, wanda farar wutarsa ba ta kai kashi 40 ba, kuma sau da yawa a rami ɗaya ake haƙo su. Maganaɗisu yana jan yawancin firotait, ba ya jan fairait, don haka ɗan maganaɗisun lasifika da aka tsoma cikin gari ya kan tona asiri. Akwai kuma makasait, wanda haɗinsa ɗaya da fairait amma ya fi saurin ruɓewa in ya sha laima. Sai wanda ya fi kowanne haɗari, mai ɗauke da gubar asanik. Shi kam ba maganaɗisu ba ido, sai ɗakin gwaji.

Masu zubi su ne manyan masu buƙatarsa a nan, kuma ba dukkansu ba. Wanda ke narka ƙarfe da gawayin kwal a doguwar tanda ba ruwansa da fairait, domin kwal ɗin kansa yana zuba wa narkakken ƙarfe farar wuta, wani lokaci ma fiye da kima. Mai tandar lantarki da ke narka guntayen ƙarfen mota da rodi shi ne ke samun farar wuta ta yi ƙasa. Baƙin ƙarfen zubi, irin wanda ake yin faifan injin niƙa da gangar birki da shi, yana son farar wuta wajen kashi 0.05 zuwa 0.12 cikin ɗari. In ta gaza haka, maganin da ake zubawa a ludayi kafin zubi ba ya kamawa sosai, sai gefen kayan ya fito fari, ya yi taurin da zai cinye haƙorin injin fiƙe.

Lissafin ba shi da wuya. Tan ɗaya na narkakken ƙarfe da ake son ɗagawa daga 0.03 zuwa 0.08 yana buƙatar rabin kilo na farar wuta, wato fairait mai kashi 48 kilo ɗaya da 'yan kai. Wannan a takarda ke nan. A bakin tanda ana ƙara wani abu, saboda wani ɓangare yana tashi hayaƙi kafin ya shiga ƙarfe. To, idan garin mai kashi 35 ne aka sayar da sunan 48, mai zubi zai auna daidai, kayan su fito ba daidai ba. Zai ƙara a zubi na gaba da ka, sai ranar da buhu mai kyau ya faɗo hannunsa ya zarce. Farar wuta in ta yi yawa ba tare da isasshen manganis ba, ƙarfe yakan tsage tun yana da zafi. Masu zubi suna riƙe da ƙa'idar cewa manganis ya zama ninki 1.7 na farar wuta, a ɗora 0.3 a kai. Ƙa'idar ba ta da amfani ga wanda bai san adadin da ya zuba ba. Mai zubin ƙarfe mai lanƙwasa kuwa, wanda ake sa wa maganiziyam, fairait guba ne a wurinsa, ko kusa da tandarsa bai kamata a ajiye buhu ba.

Sauran masu amfani da shi a duniya su ne masu yin faifan yankan ƙarfe da takalmin birki, waɗanda ke son gari mai laushi ƙwarai, da masu kwalba mai ruwan ƙasa irin ta magani da ta malta. Da masana'antar gilashi ta Aboso da aka gina zamanin Nkrumah tana raye, da tana cikin masu nema. Kowanne da girman ƙwayar da yake so, shi ya sa muke roƙon takardar ta faɗi girman raga da aka tankaɗe da shi. Mai zubi tsakuwa-tsakuwa yake so mai nutsewa, gari mai laushi iskar tanda ce ke kwashe shi.

Sai batun kwastan. A jadawalin kaya na duniya, ɗanyen fairait yana lamba 2502. An yarda a farfasa shi, a niƙa, a wanke, a tankaɗe, duk yana nan a lambarsa. Da zarar an gasa shi ya koma 2601.20, ya zama tokar ƙarfe ja wadda farar wutarta ta tafi. Wanda aka haɗa a masana'anta daga ƙarfe da farar wuta yana 2830, dutsen da ke ɗauke da zinariya yana 2616. Jadawalin harajin bai ɗaya na ECOWAS da Gana ta fara aiki da shi a 2016 matakai biyar ne, 0 da 5 da 10 da 20 da 35, saboda haka lambar da ejan ya shigar a ICUMS, tsarin kwamfuta na kwastan, kuɗi ce. Jami'in da ya buɗe kwantena ya ga gari mai sheƙi yana da hujjar ya yi tambaya, mu ma da za mu yi. Takardar gwaji daga ƙasar da kayan suka taso, wadda Hukumar Kula da Ingancin Kaya ta Gana za ta iya tabbatarwa, ita ce amsar da za ta hana kwantena zama tana cin kuɗin jinkiri.

Zaman nan kuma ba kuɗin jinkiri kaɗai yake ci ba. Fairait da iska da ruwa in suka haɗu, asid suke haifarwa, irin na ruwan batir. Alamar farko farin gishiri ko rawaya-rawaya a bakin buhu. Daga nan zaren ɗinki ya ruɓe, gari ya dunƙule, ƙasan kwantena ya fara tsatsa. Gari mai laushi da aka tara da danshi yana ɗumama kansa, har ya iya turnuƙewa. Kwantena da ta yini a ranar Tema ta kwana a raɓar teku tana gumi daga ciki. A Kumasi kuma damina biyu muke yi a shekara. Don haka garin ya zo da danshin da bai kai kashi 1 cikin ɗari ba, a buhu mai leda a ciki, a ɗora kan katako, nesa da bango, a fara sayar da wanda ya fara zuwa. Gwajin danshi ko a shago ana yi: a auna giram 100, a busar a tanda mai zafin digiri 105, a sake aunawa.

Abin da ya fi tayar mana da hankali shi ne maƙwabtansa a sito. Masu kai kaya wuraren haƙar zinariya suna hulɗa da sayanaid da amoniyam naitiret da hodar kulorin. Asid ɗin da jiƙaƙƙen fairait ke fitarwa in ya taɓa sayanaid, iska mai kisa ce ke tashi. Amoniyam naitiret kuwa yana iya yin zafi da kansa in ya haɗu da fairait mai ruɓewa, abin da masu fasa dutse suka daɗe da sani. Fashewar motar kayan fasa dutse a Appiatse a Janairun 2022 ba fairait ya jawo ta ba, amma ta nuna wa kowa irin kayan da ke bin hanyoyinmu. A rubuta a fili cewa waɗannan ba sa kwana a ɗaki ɗaya, ba sa hawa mota ɗaya.

Wani zai zo ofishinku ya ce, ƙasar da ke da Obuwasi da Bogoso me za ta yi da fairait ɗin Sin ko Turkiyya ko Finlan? Gaskiya ne duwatsunmu cike suke da shi. Amma na Obuwasi a cakuɗe yake da asanik, kuma zinariya a ƙulle take a cikinsa. Shekarun da aka yi ana gasa shi, hayaƙin ya bar tabo a tsaunukan garin, kuma tun 1994 aka kawo hanyar da ƙwayoyin bakteriya ke cinye dutsen su saki zinariyar. Ba abin da za a zuba a tandar Suame ba ne mutum yana tsaye a kai yana shaƙa. Haka nan in aka kawo muku shawarar gina masana'antar asid da fairait, ku nemi a yi muku lissafin toka. Tan ɗaya yana ba da asid kusan tan ɗaya da rabi, amma yana barin toka wajen kilo 700 da sai an nema mata wuri. Yawancin duniya ta koma farar wutar da ake cirewa daga man fetur da iskar gas.

Akwai kuma masu cin amana da sheƙinsa. Kama da wane ba ta wane: zinariya ta kusa ninka fairait huɗu a nauyi, 19.3 da 5. Guduma tana baje zinariya, tana farfasa fairait. A goga a bayan tayil, zinariya ta bar layi rawaya, fairait ya bar baƙi-baƙi mai ɗan kore. Tunda GoldBod, hukumar zinariya ta gwamnati, ce ke riƙe da cinikin zinariya tun 2025, rajistar masu shigo da fairait da masu sayensa za ta taimaka mata ita ma.

Takardar da muke roƙo ba doguwa ba ce. Ta faɗi farar wuta, ƙarfe, asanik, dalma, tagulla, yashi, danshi da girman ƙwaya, da lambar rukunin kayan a jikin kowane buhu. Wajen ɗibar samfur, kada a tsaya a buhunan bakin ƙofa, can ake jera masu kyau. A ɗiba daga gaba da tsakiya da ƙurya, sama da ƙasa, a gauraya, a raba huɗu, a riƙe kashi ɗaya a rufe saboda ranar gardama. Kuma kada a ce kowane samfur sai ya je Akra. Jami'ar KNUST tana nan Kumasi, Jami'ar Ma'adinai tana Tarkwa. A amince da sakamakonsu, a sa farashin gwaji da mai sayen buhu ashirin zai iya biya.

Allah ya taya ku riƙo.

Naku,
Masu sayar da kayan zubi da sinadaran masana'antu,
Suame, Kumasi