Zuwa ga Mai Alfarma Sarkin Musulmi: A Gina Mana Makarantar Sanin Lokaci

Allah ya taimaki Sarkin Musulmi, Allah ya ƙara wa Sarki lafiya da nisan kwana. Gaisuwa da ban girma irin na ɗa ga uba.

Ni malamin lissafi ne a wata makarantar sakandare. Na zo da roƙo a kan wata makaranta da har yanzu ba a aza tubalinta ba, amma na shekara da shekaru ina gina ta a zuciyata: makarantar da ba ta da wani aiki sai nazarin lokaci, yadda ake auna shi, yadda ake ƙirga shi, da yadda 'yan Adam suke sa masa hannu.

Abin da ya sa na kasa ci gaba da yin shiru ya faru ne a azumin da ya wuce. Masallatai uku ne a unguwarmu. Ladanin ɗaya yana bin jadawalin da aka manna a bango, wanda aka buga don wani gari mai nisa. Na biyu wayarsa yake dubawa. Na uku, dattijo ne, fita yake ya kalli yamma. Tsakanin kiran farko da na ƙarshe sai a yi kusan minti 10. Wata rana maƙwabciyarmu, tsohuwa, tana zaune da dabino a hannu da kofin kunu a gabanta, ta aiko jikanta ya tambaye ni: "Inna ta ce wane kira za ta bi?" Lissafin yana kaina, ranka ya daɗe, amma ni ba kowa ba ne da zan raba gardamar ladanai uku.

Dalilin saɓanin a fili yake. Duniya tana juya digiri 1 a cikin minti 4. Tsakanin Maiduguri da Sakkwato akwai kusan digiri 8, don haka rana tana faɗuwa a Barno da wajen rabin awa kafin ta faɗi a birnin Shehu, alhali agogon ƙasar duka ɗaya ne. Duk wanda ya ɗauko jadawalin wani gari ya rataya a nasa, ya ɗauko rikici.

Magabata ba su bar wannan al'amari kara zube ba. A manyan masallatan Masar da Sham akwai ma'aikaci na musamman da ake kira muwaƙƙit, wanda aikinsa fitar da lokutan salla ta hanyar lissafi da duba sama. Ibn Shaɗir, wanda ya rasu a 1375, wannan muƙamin ya riƙe a masallacin Banu Umayya na Dimashƙa, kuma har yau masana falaki suna nazarin abin da ya rubuta. Mu ma ba a bar mu a baya ba. Muhammadu al-Katsinawi, masanin hisabi da taurari, ya bar ƙasar Hausa ya je ya yi suna a gabas, ya rasu a Alƙahira a 1741. Kakana kuwa, da bai taɓa ɗaura agogo ba, yana ƙirga shekara da taurari 28, kowanne kwana 13, ɗaya ya ɗauki 14, su cika 365 cif. Ina tuna shi zaune kan buzu bayan asuba yana lissafi da yatsu, ya ce Zira'a ta shiga, ko Nasara ta kusa, mutanen gari su san abin da za su yi a gona. Ya rasu da iliminsa. Cikin jikokinsa babu mai iya jero taurarin nan, ni ma rabi na riƙe, kuma abin yana ci mini rai.

A makarantar da nake hange, almajirin da ya karanta fiƙihu da ɗalibin kimiyya aji ɗaya za su zauna. Su koyi cewa watan sama yana cika zagayensa a kwana 29 da awa 12 da minti 44, su iya faɗin daren da jinjirin wata zai yiwu a gan shi, da wajen da za a duba, da tsawon mintocin da zai yi kafin ya faɗi. Ba ina cewa lissafi ya maye gurbin gani da ido ba. Wannan hurumin malamai ne da kwamitin ganin wata na fada. Amma mai karɓar shaida idan ya san sama, ya fi iya bambance wanda ya ga wata da wanda ya ga ɗan gajimare.

Sai ɓangaren da ya fi jan hankalin ɗalibaina, wato taɓa lokaci. Kusan duk shekara sai wani yaro ya tambaye ni ko za a iya komawa jiya. Nakan ce masa a'a, sannan in nuna masa yadda aka sha juya ƙirge. Larabawan jahiliyya suna ɗage wata mai alfarma su kai shi gaba don son yaƙi, har aya ta 37 a Suratut Tauba ta yi tir da haka. A 1582 Fafaroma ya zare kwana 10 daga kalanda, mutane suka kwanta Alhamis 4 ga Oktoba suka tashi Juma'a 15 ga wata. Tsibirin Samowa da ke Tekun Fasifik ya tsallake 30 ga Disamba 2011 gaba ɗaya don ya daidaita ranakun kasuwancinsa da na Ostireliya. Wanda ya fi ba yaran mamaki shi ne na taurarin ɗan Adam masu nuna wa waya hanya: agogonsu yana gaba da na ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa kowace rana, kamar yadda lissafin masanin kimiyya Einstein ya nuna, kuma da ba a gyarawa, da kuskuren taswira zai kai wajen kilomita 10 a yini guda. Wayar da ladaninmu yake dubawa da wannan gyaran take sanin inda yake tsaye. Yaran da idanunsu ke ƙyalli idan na faɗi haka, ba ni da inda zan tura su.

Abin da nake roƙo ba ya buƙatar dogon gini a farko. Fada ta yi magana da Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo a ware ɗaki da fili a wajen gari inda hasken lantarki bai kashe sama ba, a sa madubin hangen nesa ɗaya ko biyu. A bi ƙauyuka a naɗi muryar dattawan da suka rage masu ƙirga taurari tun suna raye. A tattara rubuce-rubucen hisabi da ke jibge a ɗakunan malamai da wuraren adana tarihi. A fitar wa kowace ƙaramar hukuma jadawalin sallarta da aka lissafa don ita, da hatimin da ladanai za su yarda da shi, a kira su bita kafin watan Sha'aban.

Idan Sarki ya ce a yi, masu hannu da shuni za su kawo gudummawa, jami'a ma za ta saurara. Ni kuma a shirye nake in koma ɗalibi a ajin farko.

Allah ya ja zamanin Sarki.

Naku mai biyayya,
Wani malamin lissafi daga ƙasar Zamfara