Wanda anka kira "sesquipedalian" fa ba yabonsa anka yi ba

Malam Edita, assalamu alaikum, da fatan kana lafiya kai da abokan aiki, ya ƙoƙari ya kuma haƙuri da mu masu dogayen wasiƙu. Mu dai nan Sakkwato sai godiya, ranar bana ko ƙarfe tara ba ta bari a yi take fara gasa mutum.

Don Allah ka ɗan ba ni fili in yi magana kan wata kalmar Turanci guda ɗaya tal wadda ta hana ni sakat tun ranar Asabar da ta wuce. Ni tsohon malamin Turanci ne, na sha allina na ajiye, yanzu sai zaman majalisa da jin rediyo, amma ka san mai hali ba ya fasa halinsa, in na ji an yi wa kalma rauni sai in ji kamar ni anka taka.

Walimar sallama ce anka shirya wa wani abokinmu da ya yi ritaya, zauren ya cika maƙil, fankoki na juyawa suna kaɗo iska mai zafi, janareto na ta ruri a waje. Mai gabatarwa yaro ne da na koyar a sakandare shekarun baya, yanzu ya zama babban mutum har da 'yar furfura a gemu, kuma wallahi ya iya riƙon makirufo ba laifi. Da anka zo wurin gabatar da babban baƙo mai jawabi sai ya gyara murya ya juya harshe zuwa Turanci ya ce ga "our erudite and sesquipedalian orator". Kai, sai zaure ya ɗauki tafi, wani bawan Allah a bayana ya ce "to fa, yau Turanci ya zo gida", shi kuma babban baƙo ya miƙe ya saɓa babbar riga a kafaɗa ya ɗaga hannu biyu yana murmushi yana jinjina wa jama'a. Ni kuwa ledar fiya wata ce a bakina lokacin, saura kaɗan in ƙware, sai da na kusa da ni ya ɗan bubbuga min baya yana cewa sannu Malam.

Abin da ya sa na ƙware shi ne kalmar nan ba kirari ba ce. Erudite dai lafiya lau, mai zurfin ilimi ke nan. Amma in Bature ya ce wa mutum sesquipedalian to cewa yake mutumin nan mai son jibga dogayen kalmomi ne, irin waɗanda sai ka ja numfashi kafin ka kai ƙarshensu, kuma galibi da ɗan murmushin zolaya ake faɗinta. Kusan dai abin da mu muke cewa dogon Turanci. To ka ga an tara jama'a an ce musu ga malami masani mai dogon Turanci, su kuma sunka yi ta tafi.

Yadda ake furta ta shi ne ses-kwi-pi-dei-li-yan, gaɓa 6, harafi 14, ana danna murya a kan "dei". Ka lura ita kanta doguwa ce, wato cutar da take zargin wasu da ita tana jikinta, kuma wannan yana cikin abin da ya sa Turawa masu son wasa da harshe suke jin daɗinta. Asalinta daga Latin ne, harshen Rumawan da. Sesqui na nufin ɗaya da rabi, ped kuma ƙafa, ita ce dai ped ɗin da ke cikin pedal wato fedar keke da pedestrian mai tafiya a ƙasa. Sesqui ɗin ma za ka gan ta a sesquicentennial, bikin cika shekara 150, ƙarni ɗaya da rabi ke nan. In ka haɗa sai ka samu "mai tsawon ƙafa ɗaya da rabi", ƙafa irin ta awo, irin wadda dillalan fili ke cewa ƙafa 50 da 100. Ƙafa ɗaya da rabi inci 18 ne, kusan kamu guda ke nan irin na masu sayar da sawaye da, daga gwiwar hannu zuwa kan ɗan yatsa. Ka ƙaddara kalma guda a ce sai an auna ta da kamu kamar ƙyalle!

Wanda ya fara jefa wagga magana wani mawaƙin Rum ne mai suna Horace, an haife shi shekara 65 kafin haihuwar Annabi Isa alaihis salam, ya mutu saura shekara 8. A cikin wata doguwar waƙa da ya yi yana koya wa masu tasowa yadda ake tsara waƙa da wasan kwaikwayo ya yi amfani da "sesquipedalia verba", kalmomi masu ƙafa ɗaya da rabi. Kuma abin da yake faɗi a wurin shi ne ya fi burge ni, cewa ya yi in jarumin wasa ya faɗa cikin talauci an kore shi daga ƙasarsa, to dole ya yar da kumbura da waɗannan zanƙala-zanƙalan kalmomi in dai yana so kukansa ya taɓa zuciyar mai kallo. Ka ji fa, tun ranar da anka haifi kalmar a matsayin abin yarwa anka ambace ta. Turawan Ingila sun aro ta cikin ƙarni na 17 kuma ba su wanke mata wannan ƙaurin ba har yau.

Akwai wurin da ake amfani da tushen ba tare da zolaya ba, wato wajen masana tsirrai. Akwai wani irin wake da ake nomawa sosai a ƙasashen Asiya, ɗan'uwan waken nan namu ne na alale da ƙosai, sai dai kwanson sa dogo ne zololo kamar igiya ana cin sa ɗanye-ɗanye a miya, to a sunansa na kimiyya akwai sesquipedalis saboda tsawon. A can awo ne kawai, babu habaici. Amma da zarar an ɗora ta kan mutum ko rubutu ko jawabi to habaicin ya shigo.

A jimla za ka ji an ce sesquipedalian words, dogayen kalmomi, ko sesquipedalian prose, rubutun da anka cika da su, ko a ce salon wane sesquipedalian ne. Kuma kada a haɗa ta da 'yan uwanta don kowace da inda ta dosa. Verbose shi ne mai yawan kalmomi, abin da za a faɗa da biyar sai ya faɗa da hamsin ko da kuwa duk gajeru ne. Loquacious mai surutu ne kawai, irin wanda in kun haɗu a bakin masallaci bayan la'asar sai an kira magariba. Shi kuwa namu tsawon kalmar ne damuwarsa, yana iya yin jimla ɗaya tak amma kowace kalma a ciki sai ka nemo ƙamus. Misalin da kowa ya sani a ƙasar nan shi ne Patrick Obahiagbon na jihar Edo wanda ya yi majalisar wakilai daga 2007 zuwa 2011, in ya miƙe zai yi magana har 'yan majalisa gyara zama suke don sun san za a sha dariya. Amma shi ya san abin da yake yi, salonsa ne ya riƙe shi da gangan har ya zama tambarinsa, in ka kira shi sesquipedalian ina jin ma daɗi zai ji. Babban baƙonmu na ranar Asabar kuwa mutum ne mai magana a tsanake da gajerun kalmomi, rabin jawabin ma da Hausa ya yi, ka ga ko ta fuskar ma'ana an yi masa ƙazafi.

Da anka tashi na tsaya ƙarƙashin dogon yaro ina jiran mai ɗauka ta, sai ga ɗalibin nawa ya zo ya durƙusa ya gaishe ni, ya ce Malam ya ka ga ƙoƙarin ɗanka. Na ce ɗana ka yi ƙoƙari Allah ya yi albarka, amma kalmar nan mai kamu guda a ina ka samo ta? Ya yi dariya ya ciro waya ya nuna min, ashe daren Juma'a ya shiga intanet ya nemi manyan kalmomin da ake siffanta mai jawabi da su, anka jero masa, ya duba ya zaɓi wadda ta fi kowace tsawo. Ma'anar da anka rubuta a gefe ma ya gani, wai mai amfani da dogayen kalmomi, shi a ransa ai wannan yabo ne, wa zai ƙi a ce ya iya manyan kalmomi? Da na warware masa sai ya dafe kai ya ce innalillahi, Malam don Allah kada ka gaya wa kowa. To ga shi ban faɗi sunansa ba.

Amsar tasa ce ta tsaya min a rai fiye da kuskuren. Yaron bai karanta ma'ana ba daidai ba, daidai ya karanta, abin da ya ɓace masa shi ne cewa masu harshen ba su ɗauki dogon Turanci abin alfahari ba. Mu ne nan munka ɗauke shi haka, kuma ban cire kaina ba, don ina ɗan aji huɗu ina da wani ƙaramin littafi da nake tara irin waɗannan kalmomi, na haddace antidisestablishmentarianism mai harafi 28 ina karanta wa 'yan ajinmu kamar wani karatun sarauta, in ka tambaye ni me take nufi a lokacin sai dai in yi maka zuru. Sai da na girma na san magana ce kan rigimar cocin Ingila da gwamnati a ƙarni na 19, abin da ko kusa bai shafi ɗan Sakkwato ba. Da na fara koyarwa kuma na riƙa ganin irin ta a takardun yara, yaro zai rubuta wasiƙa zuwa ga babansa yana neman kuɗin littafi amma sai ka rantse takardar kotu ce. A jarrabawar WAEC insha'i kalma wajen 450 ake so, kuma kaso mafi tsoka na maki yana kan yadda ka bayyana abin da ke ranka ne, sannan ga makin da ake zaftarewa kan kuskuren rubutu, to yaro ya ɗauko kalmar da ta fi ƙarfinsa ya sa ta inda ba wurinta ba kuma ya kuskure harafi biyu a ciki, ya yi asara ta gaba da baya.

Abin da ke ba ni mamaki shi ne mu a garin nan bai kamata a koya mana wannan daga Rum ba. Duk wanda ya zauna zaure ya ɗan taɓa ilimin balaga, wato fannin fasahar magana a Larabci, ya san malamai sun ce kafin a kira kalma fasihiya sai ta kuɓuta daga garaba, wato baƙuntar da sai an yi ta bincike kafin a gane ta, da kuma tanafurul huruf, haruffan da ke karo da juna a baka. Har labari suke ba mu na wani malamin nahawu da ya faɗo daga kan jakinsa mutane sunka taru a kansa, maimakon ya ce ku ba ni wuri sai ya ce "ma lakum taka'ka'tum alayya" har zuwa "ifranƙi'u anni", a wata ruwayar ma anka ce mutanen cewa sunka yi ku ƙyale shi aljaninsa ne ke magana da Indiyanci. Muna dariya a zaure in an zo wurin, amma in an juya abin zuwa Turanci sai mu tafa. Kuma Shehu Usmanu da 'yarsa Nana Asma'u ba Larabci ne ya gagare su ba, sun rubuta da shi sosai, amma da sunka so makiyayi da matar ƙauye su gane sai sunka yi waƙoƙi da Fulatanci da Hausa, 'yan taru, wato matan da Nana Asma'u ta koyar, sunka riƙa ɗaukar su gari gari suna rerawa.

Ban ce a jefar da kalmar ba fa, kada a fahimce ni a karkace. Kalma ce mai daɗi in ka san inda za ka sa ta, ni kaina na taɓa rubuta wa wani ɗalibi ita da jan biro a gefen takardarsa don ya je ya nemo ma'anarta, ya dawo washegari yana dariya yana sosa ƙeya kuma daga ranar rubutunsa ya saitu. In za ka zolayi abokinka lauya ko ka yi wa kanka ba'a bayan ka zuba wani dogon bayani to ta dace ƙwarai. Amma a kan mumbarin taro gaban surukan mutum da 'ya'yansa da jikokinsa, a'a. In yabo kake so ka ce eloquent, mai fasaha, ko articulate, mai iya fayyace magana, ko ma ka yi abinka da Hausa ka ce ga mai baki nan ga wanda in ya yi magana ake ajiye cokali, wallahi sai ya fi shiga.

Dalilin da ya sa ma na ɗauki waya na yi ta danne-danne da wannan idon nawa shi ne jiya jikata ta nuna min bidiyon wurin yana yawo a WhatsApp, an yanko daidai wurin gabatarwar an ɗora, kuma har wani yaro ya rubuta a ƙasa wai shi ma Allah ya kai shi matsayin sesquipedalian, mutum wajen goma sun ce amin. Don Allah Malam Edita a taimaka a buga wannan kafin ta kai ga masu buga kalandar biki da allon taya murna, don in ta hau bango da hoton mutum a gefe cire ta sai an sha wuya.

Na gode, a gaida ma'aikata.

Naku,
Wani tsohon malamin Turanci,
Mabera, Sakkwato.