Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Jakadan Birtaniya a Najeriya, Dakta Richard Montgomery

Ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa da fatan alheri. Kai ba baƙo ba ne a nan. Ka shugabanci ofishin DFID, ma'aikatar Birtaniya mai ba da tallafin raya ƙasashe, na Najeriya daga 2009 zuwa 2013, ka riƙe na Pakistan, ka wakilci Birtaniya a hukumar gudanarwar Bankin Duniya, sannan ka dawo Abuja a 2023 ka gaji Catriona Laing. A zamaninka na DFID shirin ESSPIN ke aikin gyaran firamare a Kano, Kaduna da Jigawa, shirin PATHS2 kuma na aikin lafiya. Shi ya sa ba za mu yi maka kwana-kwana ba.

Kuɗin tallafin da Birtaniya ke bayarwa sun ragu. An haɗe DFID da ma'aikatar harkokin waje a 2020, tallafi ya sauko daga kashi 0.7 cikin ɗari na kuɗin shigar ƙasarku zuwa 0.5 a 2021, kuma a Fabrairun 2025 Firayim Minista Keir Starmer ya ce zai koma 0.3 nan da 2027. Wannan hukuncin Landan ne, ba naka ba. Abin da ke hannunka shi ne yadda za a rufe ayyukan da za a rufe, kuma a nan ne aka fi yin ɓarna.

Shekarar kuɗinku tana farawa a Afrilu, ta jihohinmu a Janairu. Idan sanarwar yanke tallafi ta iso a Afrilu, majalisar jiha ta riga ta amince da kasafi, ba inda kwamishina zai ciro kuɗin cike gurbi sai dai ya jira ƙwarya-ƙwaryar kasafi, in ma an yi shi. A sanar da jiha a rubuce kafin Satumba, lokacin da ma'aikatu ke haɗa buƙatunsu. Kuma saka abu a kasafi daban, sakin kuɗin daban: a riƙa neman takardar shaidar saki duk wata uku kafin a janye kashi na gaba.

Tamowa kuwa ba ta jira. Yaro mai tsananin tamowa yana cin kusan katan guda na abincin gyaɗa na musamman da ake ba masu tamowa, leda 150, cikin mako shida zuwa takwas. In kaya suka yanke a mako na uku, uwa ta yi tattaki zuwa asibiti sau biyu ta koma hannu rabbana, ba za ta sake zuwa ba, yaron kuma ya koma gidan jiya. Kada a rufe cibiyar kula da tamowa sai an sallami na ƙarshe da aka rubuta sunansa, kuma kada a rufe tsakanin Yuni da Satumba, lokacin da rumbu ya ƙare kuma zazzaɓin cizon sauro ya yi kamari.

Asusun magani mai juyawa, wato jarin da ake sayo magani da shi, a sayar, a sake sayowa da kuɗin, yana mutuwa ne idan aka ba da magani bashi ko kyauta ba a biya asusun ba, ga hauhawar farashi na cin jarin. Kafin miƙa shi, a ƙirga abin da ke sito, a sabunta farashi, a bar asusun banki da sa hannun mutum biyu, ɗaya daga kwamitin unguwa.

Motoci, firjin rigakafi da faranten sola da ayyukan za su bari, a wallafa jerinsu da inda kowanne yake, da Hausa, a kuma karanta a rediyo, tare da sunan ofishin da zai gyara idan sun lalace.

Naka,
Wasu masu bibiyar ayyukan raya ƙasa a Kano da Jigawa