Wasiƙa daga Agege zuwa Lids

Agege, Legas

Mutumina Ɗanjuma,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da Maman Walid da yara. Ya sanyi? Ya karatu? Na san in na zauna jiran ka fara rubutowa sai furfura ta gama cin gemuna. Bazazzagi ya shiga Ingila, ƙasar da wuta ba ta ɗaukewa, shi ke nan ya manta da iyayen gidansa. To na yafe, don yau buƙata ce ta kawo ni, kuma mai nema ba ya fushi.

Gyara zama ka sha labari. Na samu aikin da tun da na buɗe shago ban taɓa samun irinsa ba. Wasu masu shirya fim ne a nan Legas za su yi na tarihi, akwai inda mahayan Arewa za su fito fagen fama, suka shiga neman telan da zai ɗinka kayan doki da na mahayi. Alhaji Babba ne ya turo su. Ka san halinsa, bai ce min uffan ba, sai mota na gani ta tsaya a ƙofar shago.

Suka nuna min hoto a waya: Bature cikin ƙarfe tun daga ka har tafin ƙafa, fuska a rufe, sai 'yar tsaga ta ido. Wai haka suke so, a yanka kwanon rufi a shafa masa fenti. Na ce ranku ya daɗe, wannan shigar mutanen Faransa ce da Jamus ta ƙarni na 15. In kuka ɗora shi a doki kuka ce daga Kano ya taso, duk wanda ya taɓa kallon Hawan Daushe sai ya yi muku dariya. Namu lifidi ne da sulke da kwalkwali, kuma ba yau aka fara ba. Tarihin Kano ya ce Sarki Kanajeji ɗan Yaji, wanda ya yi sarauta daga 1390 zuwa 1410, shi ya fara shigo da su. Kai ai ba sai an gabatar maka da Kanajeji ba, kakanninka sun ji a jikinsu lokacin da ya kai yaƙi Zazzau. Daraktan ya yi shiru, can ya ce to in yi yadda na sani. Tun ranar barcina ya ragu.

Lifidin kansa bai ba ni tsoro ba, ɗinki ne. Ƙyalle biyu masu kauri, a cusa audugar rimi a tsakani, a bi da zare layi-layi don kada audugar ta taru wuri guda, a rufe wa doki ƙirji da wuya da kuiɓi, mahayi ma ya saka nasa. Hikimar ita ce kibiya. Maharban zamanin da suna shafa mata dafi, ko ƙwarzane ta yi an gama, to sai ta nutse a auduga ta tsaya ba ta taɓa fata ba. Matsalar, ina zan ga rimi a Legas? Sabo ya ce mu sa soson katifa, wa zai sani? Muka gwada guda ɗaya, ya tsaya ƙiƙam, ya ƙi kwanciya a jikin doki. Sai da na roƙi wani direba da ke kawo tumatir kasuwar Mile 12 ya ɗauko min buhuna daga gida, suka iso tsakiyar ruwan sama. Yanzu haka auduga ce shanye a saman benen Alhaji, yara na gadinta, da an ga hadari ya taso daga wajen teku sai a kwasa da gudu.

Af, Sabo zai yi aure bayan Babbar Sallah. Ba wadda kake tsammani ba, ƙanwarta. Kada ka ce a bakina ka ji. Hajiya mai tuwo kuma ta bar bakin titin jirgi ta koma kusa da gadar Pen Cinema, ta sa fanka da talabijin, malmala ta ƙanƙance. Har yanzu tana tambayar ina wannan mai cin bashin.

Sulken ne ya hana ni sakat. Na samu wani maƙeri a Alaba Rago, Malam Iro, dattijo mai haƙuri. Yakan naɗe waya a jikin sandar ƙarfe, ya zare, ya bi da almakashi yana yankewa, zobba su zubo a faranti. Kowane zobe sai ya shiga cikin guda huɗu, haka za a yi ta saƙawa, riga ɗaya tana cin dubban zobba. Na ainihin, kowane zobe sai an daddale bakinsa biyu, an huda, an sa 'yar ƙusa an dake, shi ya sa takobi ba ya raba shi. Namu matse baki kawai muke yi da filaya. Ranar da Sabo ya saka ya ɗaga hannu wai zai kai sara, sai muka ji ƙaras, hammata ta buɗe, zobba suka watse har ƙarƙashin keken ɗinki. Malam Iro ya ce laifin yanka ne, ba na zobe ba, wurin hammata akwai yadda ake juya saƙar, shi kuma bai taɓa riƙe tsohon sulke a hannu ba.

Nan ne ka shigo. A garin da kake akwai gidan tarihin makamai, Royal Armouries. Don Allah ka daure ranar da ba ka da aji ka je, ka nemi rigar sulke, ka ɗauko min hoton hammata da wuya, kusa sosai yadda zan iya ƙirga zobba. Akwai siffar giwar Indiya a can sanye da sulkenta, na san kai, wurinta za ka tsaya kana ɗaukar kanka hoto. Ka gama da hammatar tukuna.

Ga kuma tsatsa. Iskar Legas ba ta raga wa ƙarfe, abin da aka saƙa da safe kafin jibi ya yi ja. Mutanen zamanin da, a ganga suke sa shi da yashi su yi ta mirginawa. Mu ma haka muka yi da wata tsohuwar durom, 'yan unguwa suka ɗauka sabon wasa ne, har layi suke yi.

Daraktan nan ya zama abokin gardamata. Bayarabe ne, mai son surutu, da ni Bagobiri ne da an ce wasan ne. Shi a ganinsa duk wanda ya fi sulke shi ke cin yaƙi, yana so a fim ɗin 'yan lifidi su yi ta tattake mutane. Na ce masa ba kullum ba. A yaƙin Ajinku (Agincourt) a ƙasar Faransa, ranar 25 ga Oktoba 1415, manyan Faransa sun zo cikin ƙarfen da ya kai kilo 20 zuwa 25, suka kutsa gonar da ruwa ya jiƙa, taɓo ya riƙe su, maharban Ingila masu dogon baka suka yi musu ruwan kibau. A Tabkin Kwatto kuma, cikin Yunin 1804, Sarkin Gobir Yunfa ne ke da 'yan lifidi, jama'ar Shehu ƙarƙashin Abdullahi ɗan Fodiyo galibi kwari da baka gare su, dawakinsu kaɗan, amma su suka yi rinjaye. Ɗan lifidi in yana bisa doki cikin sahu, bango ne. In ya faɗo, da ƙyar yake tashi, balle ya sake hawa ba mai tallafa masa, kuma auduga ba ta shiri da wuta.

Sai ya kwashe da dariya ya ce ai su ma sun san wannan, a Oshogbo wajajen 1840 mutanen Ibadan suka far wa sansanin Ilori da dare, dawakin ba su amfana komai ba. Gaskiyarsa ne, ban ja ba. Na dai ƙara masa da cewa ƙudan tsando ya taya su aiki, don doki ba ya daɗewa a kurmi, ita kanta Oyo a zamanin ƙarfinta daga Arewa take sayen dawaki. Daga nan ya ɗauko 1903, wai ina lifidin yake ranar da Turawa suka shiga Kano. Na ce wannan kuma zancen bindiga mai ruwa ne, ba a kawo shi cikin hirar takobi, ya sha shayinsa kafin ya huce.

Dawakin fim ɗin su ne abin tausayi. Na yaran nan ne masu ɗaukar mutane hoto a bakin teku, ramammu, sun saba da ɗaukar yara taku goma a dawo. Muka ɗora wa wani fari lifidin farko, ja da rawaya, ya yi kyau har na ji ƙwalla. Ya juyo ya shinshina kuiɓinsa, ya kama gefen da haƙori ya yage, ya tsaya yana taunar audugar da aka sha wahalar kawowa daga Kano. Mai dokin ya ce in yi haƙuri, bai karya ba ne. Yanzu cikin kuɗin aikin har da na dusa.

Sun ba da rabin kuɗi, sauran sai an kai kaya, kuma ka san mutanen fim da alkawari. Ka taya ni addu'a. In abin ya yi kyau sunana zai fito a ƙarshe cikin ƙananan rubutun nan da ba mai karantawa, amma kai dole ka tsaya ka karanta.

Inna ta ce a gaishe ka, ta ce man zafin da ka aiko ya ƙare. Ka gaida Maman Walid, ka shafa min kan yara. Kuɗin hular nan kuma ban manta ba.

Naka,
Habu Tela